Matar da Ta Fitar da Kiɗa Daga Tashar Nukiliya

Tashar wutar nukiliya ta Ignalina da ke Lituweniya ta daina ba da lantarki tun ƙarshen 2009. Tarayyar Sobiyet ce ta gina ta, da injuna irin na tashar Chernobyl wadda ta fashe a Yukren ranar 26 ga Afrilun 1986. Shi ya sa masu shirin talabijin na Chernobyl, wanda tashar talabijin ta Amurka HBO ta haska a 2019, suka zaɓe ta don ɗaukar wasu fitowa. Cikin waɗanda suka sa rigar kariya suka shiga ginin har da matar da aka ba aikin kiɗan shirin, Hildur Guðnadóttir, 'yar ƙasar Ayislan. Ta tafi da mutum biyu: Sam Slater, mijinta kuma abokin aikinta, da Chris Watson, wani Baturen Ingila da ya shafe shekaru yana naɗar kukan tsuntsaye da namun daji wa shirye-shiryen David Attenborough. Kayan aikinsu makirfo ne da na'urar naɗar sauti. Suka riƙa bin ɗakunan injuna da dogayen barandu suna kasa kunne.

Cikin abin da suka samo akwai wata ƙofa ta ɗakin famfuna. Ba su buɗe ta ba, ba su buga ta ba. Makirfo kawai suka kara mata, sai ga wani siririn amo yana fitowa daga jikin ƙarfen, can sama inda kunnen mutum da ƙyar yake kamawa. Hildur ta koma Berlin da sa'o'i masu yawa na irin waɗannan sautuka, ta zauna tana tsince su, tana sarrafa su, tana ɗora wani kan wani, har suka zama kiɗan shirin mai kashi biyar. Idan aka ware muryarta da waƙar makokin da wata ƙungiyar mawaƙan birnin Lviv ta rera, kusan duk abin da kunne ke ji a matsayin kiɗa daga jikin ginin nan ya fito.

Tana da hujja. Tururin nukiliya ba shi da launi, ba shi da wari, kyamara ba za ta iya nuna shi ba. Ma'aikacin kashe gobara yana tsaye cikin abin da zai kashe shi nan da mako biyu, hoton kuma yana nuna mutum ne kawai riƙe da mesa. Dole wani abu ya shaida wa mai kallo cewa iskar wurin ba lafiya, kuma kunne ne kaɗai ƙofar da ta rage. Da an bi tsohuwar hanya, da an tara masu goge arba'in su ja waƙar tausayi duk lokacin da wani zai mutu. Amma mutanen nan an yi su da gaske, 'yan'uwansu suna raye, kuma kiɗan da ke umartar mai kallo ya yi kuka a daidai daƙiƙa kaza yana mayar da mutuwarsu abin nishaɗi. Abin da ta yi ya fi haka ladabi, kuma ya fi ban tsoro. Ya kawo mata lambar yabo ta talabijin, Emmy, a 2019, da ta kiɗa, Grammy, a farkon 2020.

Tambayar da ta fi jan hankalina ita ce: a ina mutum ke koyon kara wa ƙofa makirfo?

An haifi Hildur a Reykjavik a 1982, cikin gidan kiɗa. Mahaifinta mai busa ne kuma mai tsara kiɗa, mahaifiyarta mawaƙiyar ofera. Tana da shekara biyar ta fara koyon celo, wato babban gogen Turawa mai tsirkiya huɗu da ake jinginawa tsakanin gwiwoyi, wanda muryarsa ke kusa da ta ɗan Adam. Ta yi karatun kiɗa a Reykjavik, ta ƙara a Berlin. Wanda ya bi wannan layi yawanci kujera yake nema a babbar ƙungiyar makaɗa, ya samu albashi, ya yi ta buga abin da aka rubuta shekaru ɗari biyu da suka wuce. Ita sai ta karkata wajen makaɗan da kasuwa ba ta san da zamansu ba.

Ayislan ƙasa ce da mutanenta ba su kai dubu ɗari huɗu ba a lokacin. A wuri irin wannan babu wanda zai yi arziki da sayar da faifai a cikin gida, don haka babu ribar da mutum zai ci idan ya kwaikwayi abin da ake so. Makaɗan Reykjavik na ƙarshen shekarun 1990 kowa yana buga wa kowa, yau kana ƙungiyar wannan, gobe kana ta wancan. A 1999 makaɗi Jóhann Jóhannsson da abokansa suka kafa Kitchen Motors, wata haɗaka da ke tara makaɗan da ba su saba haɗuwa ba, mai jita da mai kwamfuta da ɗan makarantar kiɗan gargajiyar Turai, a ce su fito da wani abu. A wannan da'ira Hildur ta taso. Ta yi wasa da ƙungiyar múm, ta yi aiki da Pan Sonic, wasu 'yan Finlan biyu da kiɗansu ya ginu kan gurnanin lantarki tsantsa daga na'urorin da aka ƙera musu da hannu, ta kuma yi aiki da Throbbing Gristle ta Ingila, waɗanda tun tsakiyar shekarun 1970 suka shigar da ƙarar injin da hayaniyar masana'anta cikin kiɗa da gangan.

Faifanta na farko, Mount A, ya fito a 2006, kuma ita ta buga duk kayan kiɗan da ke ciki. Daga nan ta koma kamfanin Touch na Landan, ƙaramin gida da ke fitar da faifai ga masu saurare 'yan kaɗan amma masu naci. Shi ma Chris Watson a can yake fitar da nasa, kuma kafin ya koma bin tsuntsaye yana cikin waɗanda suka kafa ƙungiyar Cabaret Voltaire ta birnin Sheffield. Wato tafiyar Ignalina ba haɗuwar baƙi ba ce, 'yan gida ɗaya ne suka sake haɗuwa a wani aiki. A Touch ta fitar da Without Sinking a 2009, da Leyfðu ljósinu a 2012, da Saman a 2014. Na tsakiyar ya fi nuna halinta. An naɗe shi ne a Jami'ar York a zama ɗaya, kusan minti arba'in na celo da murya, ba masu kallo, ba kuma gyara daga baya. Sauti ɗaya take ja ta bar shi ya yi tsawo, ta ɗora wani a kai, har wanda ke saurare ya daina jiran waƙa ya fara jin yadda ɗakin kansa ke amsawa.

Wannan makaranta tana koyar da abin da ajin kiɗa bai cika koyarwa ba. A aji ana tambayar wace murya ce ke bin wace, wane kari ne ya dace. A ɗakin gwaji tambayar ita ce yadda sautin yake a jiki: kaushi ko santsi, kusa ko nesa, na ƙarfe ko na itace, yana danna ƙirji ko yana tsikarar kunne. Sannan talauci ma malami ne. Wanda ba shi da kuɗin hayar situdiyo dole ya koyi kafa makirfo da kansa, ya koyi haɗa sauti, ya san abin da bango da rufi ke yi wa amo. Ya tashi makaɗi kuma injiniya a lokaci guda, kuma layin da masana'antar fim ta shata tsakanin mai kiɗa da mai haɗa sauti ba ya ganin sa ma.

Akwai wani abin kiɗa da ya tattara duk wannan, sunansa halldorophone, wanda ɗan ƙasarsu Halldór Úlfarsson ya ƙera. Kowa ya san ihun da lasifika ke yi a wurin taro idan mai jawabi ya matso da makirfo kusa da ita, har jama'a su toshe kunne. Wannan ihun shi ne tushen abin. Siffarsa ta celo ce, amma akwai lasifika a jikinsa. Tsirkiya ta motsa, na'ura ta ɗauki motsin ta mayar da shi cikin lasifikar, jikin ya girgiza, tsirkiyar ta ƙara motsi, haka abin ke zagayawa. Mai bugawa ba ya da cikakken iko, linzami kawai yake riƙewa, yana saki yana ja. Makaɗin da aka horar ya ƙi kuskure zai tsani abin. Hildur ta mayar da shi abokin aiki.

Shigarta fim ta hannun Jóhann ta fi ƙarfi, ko da yake ta yi wasu ayyukan ita kaɗai, kamar fim ɗin Denmak na 2012 kan 'yan fashin teku da suka kama jirgin kaya. Jóhann ya girme ta da shekara goma sha uku, kuma shi ma ɗan gwaji ne na gaske, wato makaɗin da ke gwada sautukan da ba a saba ji ba: faifansa na 2006 ya gina shi ne a kan sautin da mahaifinsa ya naɗa daga wata tsohuwar kwamfutar IBM 1401 da yake kula da ita. Da darakta Denis Villeneuve ya ɗauke shi, sai ya jawo Hildur ta buga celo a Prisoners na 2013, da Sicario na 2015, da Arrival na 2016. Duk wanda ya kalli Sicario zai tuna gurnanin da ke gangarowa ƙasa yayin da ayarin motoci ke tunkarar iyakar Meziko. Ba waƙa a ciki, ba abin da mutum zai rera a hanya, amma ciki yana ɗurar ruwa. Jóhann ya rasu a Berlin ranar 9 ga Fabrairun 2018 yana da shekara 48. Ita ta yi kiɗan kashi na biyu na Sicario a shekarar.

Me ya sa Hollywood, wadda ba ta son kasada da kuɗinta, ta buɗe wa irin waɗannan ƙofa? Sai an duba yadda ake sa wa fim kiɗa a can. Mai kallon finafinan Hausa ko na Indiya ya saba da waƙa ce ke tallar fim, ana jin ta tun kafin fim ya fito. A can abin da ake nufi shi ne kiɗan da ke gudana a ƙarƙashin magana, kuma a al'ada shi ne aikin ƙarshe. An gama ɗauka, mai tace fim ya zauna yana yanka, kuma don ya ji yadda fitowa ke tafiya sai ya aro kiɗa daga wani fim da ya riga ya fito, ya liƙa na wucin gadi. Darakta da furodusa su yi watanni suna kallon fim ɗin da kiɗan aro, kunnensu ya saba. Ranar da aka kira mai kiɗa, saura 'yan makonni, umarnin da ake ba shi a zahiri shi ne ya yi irin wancan, amma ya kauce kaɗan don kada a kai su kotu. Da haka finafinai suka riƙa kwaikwayon juna har kunne ya gaji. Daraktan da ke son fim ɗinsa ya fita daban dole ya nemi wanda bai taso cikin wannan injin ba. Haka Paul Thomas Anderson ya ɗauko Jonny Greenwood na ƙungiyar Radiohead a There Will Be Blood na 2007, David Fincher ya ɗauko Trent Reznor da Atticus Ross a The Social Network har suka ci Oscar, babbar kyautar finafinai ta Amurka, a 2011, Jonathan Glazer ya ɗauko Mica Levi a Under the Skin na 2013.

Akwai kuma dalilin na'ura. Kwamfuta ta sa mutum ɗaya a ƙaramin ɗaki yana iya abin da a da sai babban situdiyo. Gidajen sinima kuma sun samu lasifikar da ke fitar da ƙasan sauti wanda jiki ke ji kafin kunne. Ɗan gwajin da ya yi shekaru yana wasa da gurnani a gaban mutum hamsin sai ya tarar an gina masa ɗakunan da suka dace da shi a duk duniya.

A Joker na 2019 ne aka ga abin da ke faruwa idan aka juya tsarin. Darakta Todd Phillips ya aika mata rubutun labarin tun ba a kunna kyamara ba, ta zauna da celo da halldorophone ta fitar da sautin Arthur, mutumin da labarin ke kansa. Da aka zo fitowar bayan gida, inda Arthur ya shige bayan ya kashe mutane a jirgin ƙasa, Phillips da Joaquin Phoenix, wanda ya fito a matsayin Arthur, ba su gamsu da abin da ke rubuce ba. Phillips ya kunna kiɗanta a wurin, Phoenix ya fara motsa ƙafa da hannu a hankali, rawar nan da ta zama abin da aka fi tunawa da shi a fim ɗin. Kiɗan ne ya haifi fitowar. A sauran fim ɗin ta ɓoye babbar ƙungiyar makaɗa a bayan celo guda, da farko da ƙyar ake jin ta, tana ƙara fitowa yayin da haukan mutumin ke ƙaruwa. Fim ɗin ya tara sama da dala biliyan ɗaya. Ina da ja a kan fim ɗin kansa, wanda a ganina ya fi son a ɗauke shi da zurfi fiye da zurfin da yake da shi, kuma kaso mai tsoka na nauyin da mutane suka ji a cikinsa daga kiɗan ya aro.

Ranar 9 ga Fabrairun 2020, shekara biyu cif da rasuwar Jóhann, ta karɓi Oscar. Ta kayar da John Williams da Thomas Newman da Randy Newman da Alexandre Desplat. Ita ce mutum ta farko daga Ayislan da ta ci kyautar, kuma mace ta huɗu da ta ci ta a fannin kiɗan fim, bayan Marilyn Bergman da Rachel Portman da Anne Dudley. A shekarar da Joker ya fito muryarta da halldorophone ɗinta suna cikin faifan Life Metal na Sunn O))), ƙungiyar Amurka da ke buga jita a hankali da ƙarfin da ke girgiza haƙarƙari. Ba ta bar tsohon gida ba.

Kada a ɗauka ita ta fara. Ennio Morricone, mai kiɗan fim ɗan Italiya, ya yi shekaru yana cikin wata ƙungiyar 'yan gwaji a birnin Rum da ke buga kiɗa ba tare da rubutu ba, kuma darakta Sergio Leone yana kunna kiɗansa a wurin ɗauka tun 1968. Fim ɗinsu na wannan shekarar ya buɗe ne da dogon lokaci na kukan injin iska da ɗigon ruwa da ƙugin ƙuda, ba goge ko ɗaya. Kafin su akwai Bebe da Louis Barron, mata da miji, waɗanda suka yi wa Forbidden Planet na 1956 sauti da na'urorin lantarkin da suka harhaɗa da kansu. Ba 'yan ƙungiyar makaɗa ba ne, don haka a jerin sunayen fim ɗin ba a kira aikinsu kiɗa ba, an laƙaba masa wani suna daban, kuma bai shiga takarar kyautar kiɗa ba. Rigimar ina kiɗa ya ƙare, ina ƙara ta fara, tsohuwa ce, kuma ba ta falsafa kaɗai ba ce. Tana da alaƙa da wanda za a biya, da sunan da za a rubuta.

A nan gizo ke saƙar. Kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Ɗan gwajin da ke fitar da faifansa a ƙaramin kamfani ba ya samun kuɗi sosai, amma babu mai ce masa cire wannan. A fim ɗin Amurka kuwa yawanci kamfani ne ke mallakar kiɗan, mai kiɗa a biya shi ladan aikinsa, ya kuma riƙa samun kasonsa idan an haska. Ana iya sallamar sa ko da ya yi watanni a kai. Jóhann ya fara aikin Blade Runner 2049, aka maye gurbinsa da Hans Zimmer da Benjamin Wallfisch, duk da finafinai uku da ya yi da daraktan, Villeneuve. A fim ɗin Darren Aronofsky na 2017 ya rubuta kiɗa cikakke, daga baya shi da daraktan suka ga fim ɗin ya fi ƙarfi ba tare da shi ba, aka jingine shi, sunansa ya fito a matsayin mai ba da shawara kan kiɗa da sauti. Na biyun nan ina ganin sa a matsayin ƙololuwar tarbiyyar ɗan gwaji, a ce mutum ya yarda shiru ya fi aikinsa. Amma mutum nawa ne za su iya ciyar da iyali da irin wannan yarda?

Matsala ta biyu ta fi ɓata mini rai. Injin kwaikwayon da aka gudu daga gare shi bai mutu ba, haɗiye sabon abin ya yi. Gurnanin Sicario ya zama kiɗan aro a ɗakunan tace fim, kuma yau da wuya ka kalli tallar fim ɗin tsoro ko shirin binciken kisan kai ba ka ji dogon amo mai nauyi yana jan ciki ba. Ana sayar da irinsa a shirye cikin manhajoji, mutum ya danna maɓalli ɗaya ya riƙe. Abin da aka kwafa fatar ce. Amon Chernobyl yana da ƙarfi ne saboda daga gini irin wanda labarin ya shafa ya fito, kuma an yi kwanaki ana saurare kafin a zaɓe shi. Wanda aka ciro daga manhaja ba shi da asali, zai zauna a kan kowane hoto, shi ya sa ba ya faɗin komai game da ko ɗaya. Ita ma da alama ta lura, domin a Women Talking na 2022 ta ajiye duhun ta koma jita mai haske, a labarin da ya fi kowanne cancantar kiɗan baƙin ciki.

A shekarar ne kuma ta yi Tár, fim ɗin Todd Field kan wata shugabar makaɗa a Berlin da Cate Blanchett ta fito a matsayinta. A nan ta kai hanyarta maƙura. Wani ɓangare na abin da ta rubuta ba don mai kallo ba ne, don 'yar wasan ne, ta riƙa jin sa a kunne lokacin ɗauka, ya saita mata saurin tafiya da yanayin motsi. Wani ɓangaren kuma an binne shi can ƙasa, inda mai kallo zai ji ba daɗi bai san daga ina ba. Kiɗan da ke fitowa fili a fim ɗin mafi yawansa na tsofaffin masu tsara kiɗan Turai ne, Mahler da Elgar. Hukumar Oscar tana da ƙa'idar yawan sabon kiɗan da dole a ji a cikin fim kafin ya shiga takara, irin ƙa'idodin da suka hana Greenwood shiga takara da kiɗan fim ɗinsa na 2007, suka kuma hana Jóhann a Arrival saboda an yi amfani da wani tsohon kiɗan Max Richter a farko da ƙarshen fim ɗin. Da aka auna Tár da wannan ma'auni, aka ce bai cika sharaɗi ba, aka cire shi daga takara, kusan shekara uku bayan hukumar ta ba Hildur kyautar.